Mutumin Kogo da Kulkinsa a Talabijin ɗin Birtaniya

Duk mai kallon gajerun wasannin barkwanci na talabijin ɗin Birtaniya ya san wannan taliki: gashi buzu-buzu, walkin fata, kulki a kafaɗa, magana sai gurnani. Ya ɗaga kulki zai doki dabba, ya kwaɗa wa ɗan'uwansa a ka. Sai a ɗauka mutanen farko ake yi wa dariya, alhali Baturen yau ne aka tuɓe wa kwat aka ɗaura masa fata.

Al'adar ta girmi talabijin. Tun a 1893 E. T. Reed ya fara zana mutanen kogo a mujallar Punch suna harkoki irin na Turawan zamaninsa. Charlie Chaplin ma ya sa fata a wani fim na 1914, lokacin da fim ba ya magana, kuma a nan amfanin mutumin kogo ya fito: tunda ba shi da kalmomi, faɗuwa da duka da zare ido sun wadatar. A fim ɗin Carry On Cleo na 1964, Kenneth Connor ya fito yana alfahari da tayar da ya ƙera mai kusurwa huɗu. Daga 2007 'yan wasan barkwanci Armstrong da Miller suka nuna wa masu kallon BBC mutanen kogo suna ganawar neman aiki. To, wa ya taɓa neman aiki a kogo? Ma'aikacin ofishin Landan ne kawai, da fargabarsa da ladabinsa na dole.

Wani zai ce wasannin suna koya wa yara tarihin ƙarya. Da gaskiyarsa ta wani ɓangare, musamman inda ake haɗa mutum da dainoso, dabbar da ta ƙare shekara miliyan 66 da suka wuce. Amma siffar mutumin kogo a matsayin ƙato mai ranƙwafawa daga wajen masana ta samu gindin zama. A 1911 Bafaranshe Marcellin Boule ya siffanta mutumin Neanderthal haka, bisa ƙasusuwan da aka tono a La Chapelle-aux-Saints, sai a 1957 aka sake dubawa aka jaddada cewa mai ƙasusuwan dattijo ne da ciwon gaɓoɓi ya addaba. Masana sun gyara littattafansu, 'yan wasa kuwa suka riƙe kulkinsu, don ba su taɓa cewa darasin tarihi suke bayarwa ba, kuma mai kallon da ya ga taya mai kusurwa huɗu ya san da wasa ake.