Shekaru Ba Sa Zama Takardar Ɗaukar Aiki

Akwai wata magana da ta daɗe tana yawo a bakin masu shara, masu gadi da leburorin ma'aikatun gwamnati a birnin Sakkwato, wai duk wanda ya cika shekara goma yana aiki, ko da biyan yini ake masa, fanshonsa ya tabbata. Wannan magana ba ta da tushe, kuma ta jefa dattawa da yawa cikin jiran gawon shanu.

Ma'aikacin wucin gadi shi ne wanda ake biya bisa kwanakin da ya yi, ba shi da lambar fayil, ba shi da matakin albashi. Fansho kuwa da takarda ake lissafa shi. Ranar da ma'aikaci ya cika shekara 60 da haihuwa ko 35 yana aiki, jami'in fansho fayil yake buɗewa ya duba ranar ɗauka ta farko. Wanda ya kwashe shekara ashirin yana dangwala yatsa a kan baucar biya, in ba shi da takardar ɗaukar aiki, sunansa ba zai fito ba. Sashe na 210 na kundin tsarin mulkin 1999 ya kare fansho da garatutin ma'aikatan jiha, amma bisa abin da doka ta tanada. Shekara goma da ake ambato ta fito ne daga tsohon tsari na ma'aikatan dindindin, inda shekara biyar ke ba da garatuti, goma ta ba da fansho.

Wasu suna kafa hujja da cewa wai wata uku a bakin aiki na mai da mutum ma'aikacin dindindin. Abin da sashe na 7 na Dokar Ƙwadago ya ce shi ne, kafin wata uku da fara aiki ya wuce, dole mai ɗaukar aiki ya ba ma'aikaci sharuɗɗan aikinsa a rubuce. Bai ce ya zama na dindindin ba. Sai dai shugabannin da ke riƙe mutum shekara da shekaru ko wannan takardar ba su ba shi ba, su ji tsoron Allah. Cin gumin talaka ne, ko da wane suna aka kira shi.

To, mene ne abin yi? Ka nemi takardar sharuɗɗan aikinka tun yau. Ka adana katin shaidar aiki, takardar sauyin wurin aiki da saƙon shigar kuɗi daga banki. Duk lokacin da aka buɗe ɗaukar aiki, ku rubuta koke a ƙungiyance ta hannun ƙungiyar ƙwadago, ku ajiye kwafin da aka buga wa hatimi. Kada ka ba kowa sisi da sunan zai shigar da kai; alkawarin baki ba ya shiga fayil. In an sallame ka ba bisa ƙa'ida ba, Hukumar Sauraren Koke-koken Jama'a tana karɓar ƙorafi kyauta, kuma Kotun Ma'aikata ta Ƙasa tana da reshe a Sakkwato.

Sannan ka yi wa kanka tanadi. A 2019 hukumar fansho ta PenCom ta ƙaddamar da tsarin fansho na masu ƙaramin ƙarfi, inda mutum ke zuba abin da ya samu, kullum ko mako-mako. Da sanyin safiya ake kama fara, kada ka bari sai gwiwa ta gaza.