Gyaran haɓa da kumatu kafin biki: Haɗarin da amaren Konni ke saya da kuɗinsu

Da zarar an sa ranar aure a Birnin Konni, gyaran amarya ya tashi ke nan: dilka, halawa, turaren wuta, sai ƙunshi a kwanakin ƙarshe. Amma yanzu lissafin ya ƙaru da wani abu da kakanni ba su san ana taɓawa ba, wato fasalin fuskar kanta, musamman haɓa da muƙamuƙi da kumatu.

Waya na da hannu a ciki. Jihar Tahoua ta yi suna wajen ci-rani, kuma sau da yawa ango yana Abidjan ko Libiya ko Aljeriya, hoton WhatsApp ne ke haɗa shi da amaryarsa. Hoton kuwa ya bi ta Snapchat ko TikTok, waɗanda ke tsuke muƙamuƙi su fito da haɓa cikin daƙiƙa guda. Ranar biki babu wannan rufin asirin.

A manyan birane irin su Legas da Abuja da Dubai da Istanbul, abin da ake tallatawa shi ne allurar fila. Wani ruwa ne mai kauri, galibi na sinadarin hyaluronic acid, da ake ɗurawa ƙarƙashin fata don haɓa ta ɗan fito, layin muƙamuƙi ya miƙe. Masu talla kan ce gyara ne "ɗan kaɗan" da ba wanda zai gane. Ba na dindindin ba ne: jiki na narkar da shi cikin wata 6 zuwa 18.

Sai dai a Konni da Malbaza da Illela, kyawun da uwar ango da gwaggonni ke dubawa daban ne. Amarya ta cika, kumatu su yi luwai-luwai, kada a ce ta fito daga gidan yunwa. Kuma hanyar da ta fi sauƙi da arha ba allura ba ce, ƙwaya ce. Konni na bakin iyaka, kilomita kaɗan tsakaninta da Illela ta jihar Sakkwato (ba Illelar Nijar ba, wadda ke arewa ta wajen Tahoua), kuma magunguna na yawo a faranti da kwali a hannun 'yan talla, ba takardar likita.

Biyu ne suka fi shahara cikin abin da ake kira "sha ka fashe". Na farko cyproheptadine, maganin ƙaiƙayi da atishawa ne da ke buɗe ciki, ya kuma sa barci. Shi ne ke cikin ruwan maganin Apetamin, wanda hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka, FDA, ta yi gargaɗi a kansa a 2023.

Na biyun, dexamethasone, shi ya fi ban tsoro, don shi ne ke "gyara" fuska kai tsaye. Magani ne mai ƙarfi da likitoci ke bai wa masu asma da kumburi mai tsanani. Idan aka yi makonni ana shan sa, yakan tara ruwa da kitse a fuska da wuya da ciki, fuskar ta zama zagayayya, haɓa ta ninku. Abin da ƙawaye ke yabawa da cewa amarya ta yi kyau, a littafin likita alamar cuta ce. Tare da shi sukarin jini da hawan jini ke tashi, fata ta yi siriri ta tsattsage, ƙuraje su feso, al'ada ta rikice, garkuwar jiki ta yi rauni.

Babban tarkon yana bayan biki. Amarya ta tare, ta ga buƙata ta biya, sai ta ajiye ƙwayar rana ɗaya. Alhali jikin ya riga ya rage samar da nasa sinadarin, ya dogara da na ƙwaya. Dainawa farat ɗaya na iya jawo kasala mai tsanani, amai, faɗuwar bugun jini, har da suma ko rasa rai. Shi ya sa wadda ta riga ta fara ba ita za ta yanke wa kanta ba: likita ne ke rage mata a hankali, ko a asibitin gundumar Konni, ko a asibitin Galmi da ke gundumar Malbaza, wanda ke aiki tun 1950. Kuma dole ta faɗi gaskiyar abin da ta sha da tsawon lokacin.

Masu kuɗin zuwa birni a yi musu fila ma ba su tsira ba. Akwai jijiyar jini da ke ratsa gefen muƙamuƙi ta hau fuska. Idan allura ta shige ta, jini na iya tsayawa, fatar wurin ta mutu, a wasu lokuta ƙalilan har ido ya makance. Ƙwararren likita kan ajiye hyaluronidase, maganin da ke narkar da fila nan take. Mai shagon kwalliya da ta koyi allura a bidiyo ba lallai ta san sunansa ba. Idan kuma ruwan silikon aka ɗura a madadin fila, babu abin da ke narkar da shi, sai tiyata.

Ko an dace da hannu mai kyau, kumburi da tabon jini kan ɗauki har mako biyu kafin su kwanta. Wadda aka yi wa allura ana saura kwana uku kamu, da kumburarriyar haɓa za ta zauna gaban mai hoto.