Wuni Ɗaya Daga Arlit: Kasuwa, Raƙuman Dawa da Duwatsun Wuta na Abzin

(Kiɗan tende, sai a sassauta shi)

 Yau arewa muka nufa, jihar Agadas a Jamhuriyar Nijar, garin Arlit. Duk wanda ya ji sunan garin nan, yuraniyom ne ke fara faɗo masa a rai, kuma ba laifinsa ba ne, domin saboda ma'adinin aka kafa garin a 1969. Amma yau ba rami za mu shiga ba. Kat-kat za mu ɗauka shata, mu da direba da ɗan jagora, mu fita da sanyin safiya, mu ga abin da ido zai iya gani kafin rana ta faɗi.

Kafin a tada mota sai an yi guzuri, don haka kasuwa ce zangonmu na farko.

(Hayaniyar kasuwa)

Ƙasar Arlit ba ta ciyar da mutanenta da gero. Kusan duk abin da ka gani a kan tebur ko a bakin buhu, tafiya ya yi kafin ya iso. Gero da wake da barkono daga kudu suke, daga Maraɗi da Damagaram da Tawa. Taliya da man girki da madarar gari da wani dabinon ta Assamaka suke shigowa daga Aljeriya, tafiyar kilomita wajen 200. Albasa da tafarnuwa da dankalin turawa kuwa daga lambunan cikin duwatsun Abzin ake sauko da su, irin su Tabelot da saman Bagzan, idan lokacinsu ya yi kuma ga lemo da rumman na Timiya. Ga cuku, ga kantun gishirin Bilma, ga ganyen shayi da sukari, waɗanda babu ɗan jagorar da zai yarda ya bar gari ba tare da su ba. Ba'abzine da rawaninsa, Bazabarme, Bafillace, Balarabe, ɗan Bini da ɗan Togo da aikin kamfani ya kawo iyayensu, idan aka zo ciniki duk da Hausa ake yi. Mai sauraro daga Katsina ko Sakkwato, ba ka bukatar tafinta a nan.

Sai dai akwai wani layi da nake so mu tsaya a kansa, layin tsofaffin ƙarafa. Bututu, gangar ƙarfe, guntun injin, tsohon kwano. Shekaru da dama irin waɗannan kaya na fitowa daga wuraren haƙar ma'adini su shigo gari, maƙera su mayar da su tukwane da ƙofofi, talaka ya rufe ɗakinsa da su a unguwannin da ake kira Bukoki. A 2003 wata cibiyar bincike ta Faransa mai suna CRIIRAD ta zo ta auna, a 2009 ƙungiyar Greenpeace ita ma ta zo, kuma sun samu ƙarafa masu fitar da tururin nukiliya a cikin gari. Wanda ya fi kowa dagewa a kan wannan magana ɗan gari ne, ma'aikacin kamfanin haƙar ma'adinin kansa, Almustafa Alhasan, shugaban ƙungiyar Aghirin'man, wanda aka ba lambar yabo ta Nuclear-Free Future Award a 2017. Ɗan jagora nagari ba ya ɓoye wa baƙonsa wannan layi. Wanda ya ga albasa da cuku kaɗai bai ga kasuwar Arlit ba.

(Ƙarar mota ta tashi)

Da fitarmu gari, tsaunukan farko da za ka hango ba Allah ne ya dasa su a nan ba, hannun mutum ne ya tara su. Ƙasa ce da duwatsun da aka tono, da dusar da ta rage bayan an tace ma'adini. Kamfanin SOMAIR ya fara fitar da yuraniyom a 1971 daga manyan ramuka buɗaɗɗu. COMINAK, wanda garin Akokan ya tsiro dominsa, ya fara a 1978, shi kuma ƙarƙashin ƙasa ya shiga, zurfin mita wajen 250 a Akuta. An rufe shi ranar 31 ga Maris 2021, bayan ya fitar da tan kusan 75,000, ya bar dusa wajen tan miliyan 20, ya kuma bar ɗaruruwan magidanta ba aiki. A watan Yunin 2025 gwamnatin Nijar ta sanar da karɓe SOMAIR daga hannun kamfanin Orano na Faransa. Garin da a da ake yi wa kirari da Faris ta biyu, yau yana tambayar kansa me zai ci gobe.

Hanyar da muke kai ita ce hanyar yuraniyom, wadda ta haɗa Arlit da Agadas da Tawa. Zuwa Agadas kilomita wajen 240 ne, amma kada lissafi ya ruɗe ka, domin kwaltar ta ci duniya, a wurare da yawa direba kan sauka gefe ya bi turɓaya don ta fi sauƙi. A yarjejeniyar 2014 kamfanin Areva, wanda daga baya ya zama Orano, ya yi alkawarin Yuro miliyan 90 don gyaran wannan hanya. Mai son sanin inda aka kwana, ya tambayi direbobi.

To yanzu ka dubi hannunka na hagu, wajen gabas. Wancan baƙin layi da ya tokare sararin sama, shi ne Abzin, wanda wasu ke kira Ayar. A nan ne labarinmu yake.

Masana duwatsu sun ce sama da shekara miliyan 400 da suka wuce, narkakken dutse ya yi ta kunno kai daga cikin ƙasa a wannan yanki, yana tsaga tsohon dutse yana daskarewa a zagaye, zobe cikin zobe. Ɗaya daga cikin waɗannan zobba, wanda ake kira Meger-Meger, faɗinsa ya kai kilomita 65, yana cikin mafiya girma a duniya. Dutsen Tamgak da na Bagzan duk haihuwar wannan wuta ne, kuma a saman Bagzan ɗin ne ƙololuwar Idukal-n-Tagas take, mai tsawon mita 2,022, wadda babu inda ya fi ta tudu a duk faɗin Nijar. Wutar ba ta tsaya nan ba. Ta yi ta gangarawa kudu cikin miliyoyin shekaru, ta ɓulla a duwatsun Damagaram da Muniyo, ta ɓulla a Riruwai ta jihar Kano, ta ɓulla a Jos. Shi ya sa kuzar da aka haƙa a Jos da Riruwai, an haƙa irinta a Elmeki ta Abzin. Mutumin Doguwa da ya zo nan, dangin dutsen garinsu ya zo gani.

Daga baya can, wuta ta sake tashi. A kudancin Abzin, yankin Todra, akwai duwatsu masu aman wuta sama da ɗari, duk sun yi shiru yanzu. Wasu tsaye suke da tsini, wasu bakinsu a buɗe, ga baƙin dutsen da suka amayar ya bi kwari ya daskare a inda ya tsaya. Idan ka ɗauki guntunsa a hannu za ka ji shi da kaushi, duk jikinsa ƙananan ramuka kamar saƙar zuma, wato gurbin iskar da ta fita lokacin da yake tafasa.

Ga abin da ya haɗa wannan da Arlit. Masana da dama na ganin yuraniyom ɗin da ake haƙa a nan daga waɗancan tsofaffin duwatsun wuta ya samo asali. Ruwa ne ya yi ta wanke su da tokarsu, yana kwashe ma'adinin kaɗan-kaɗan yana gangarawa da shi yamma, har ya taru a cikin dutsen yashi da Arlit ke zaune a kansa. Ke nan dutsen da muke kallo ta tagar mota shi ne uban arzikin da ya haska fitilun Faransa shekara hamsin. Yaro ɗan makaranta a Akokan ya kamata ya san wannan kafin ya san sunan kowane kamfani.

(Motar ta tsaya, iska na kaɗawa)

Kusan tsakiyar hanya, sai mu bar kwalta mu yi 'yan kilomitoci cikin daji. Nan ne Dabus. Daga nesa dutse ne kamar kowane dutse. Sai ka hau, ka duba shimfiɗaɗɗen gefensa, sannan ka ga raƙuman dawa biyu a sassaƙe, babba da ƙarami. Babban ya haura mita biyar, wato girmansa na gaskiya. Matso kusa ka gani. Kowane zane na fatarsa an fitar da shi ɗaya bayan ɗaya, an ƙwaƙule, an goge har ya yi santsi, ga kunne, ga 'yan ƙahonni, ga kofato. Daga bakin kowannensu wani layi ya sauko har zuwa ga wani ɗan ƙaramin mutum da aka zana a ƙasa. Ko igiya ce, ko wata alama ce ta addininsu, masana ba su daidaita ba. Abin da aka ƙiyasta shi ne aikin ya kai shekara 6,000 zuwa 8,000, tun kafin mutanen nan su san ƙarfe, da dutse aka sassaƙa dutse. Kewaye da su akwai wasu zane-zanen sama da 800, shanu da jiminu da bareyi da mutane.

Wani Bafaranshe mai bincike, Christian Dupuy, shi ya fara rubuta labarinsu a 1987, ko da yake makiyayan yankin sun daɗe da saninsu. An ɗauki samfurinsu an zuba kwafi da sanholo, ɗaya yana filin jirgin saman Agadas. Amma kwafi ba ya gaya maka abin da wurin ke faɗa. Ka tsaya a kan dutsen nan ka duba ko'ina, ƙaya ce jefi-jefi da tsakuwa da zafi. Mutumin da ya yi wannan sassaƙa ya ga raƙumin dawa da idonsa, yana kiwo a nan, cikin ciyawa da itatuwa. Yau sai ka je Kure kusa da Yamai, ko Gadabeji inda aka mayar da wasu, kafin ka ga mai rai. Roƙo ɗaya: kada a taka, kada a zuba ruwa don hoto ya fito, kada a rubuta suna. Dutsen yashi ne, ba ya jure wasa.

A gindin wata ƙaya ɗan jagora zai hura gawayi. Zai kwaɓa gari ya binne shi cikin yashi mai zafi da toka, ya tono tagella, ya karkaɗe, ya gutsuttsura cikin miya. Shayi kuma sai an sha zagaye uku, ba a gaggawa.

Bayan azahar, idan hanya ta yi kirki, sai a ƙara gaba a sake barin kwalta a yi gabas zuwa Tafadek. A nan ruwa ke ɓuɓɓugowa da zafinsa daga cikin ƙasa, ba wanda ya sa masa wuta. Mutane kan zo daga nesa su kwana biyu suna wanka saboda sanyin ƙashi da ciwon fata. Ga matafiyin wuni ɗaya, wannan ruwa shi ne shaidar da zai taɓa da hannunsa cewa cikin Abzin bai gama hucewa ba. Daga nan sai Agadas kafin magariba, a hango hasumiyar babban masallaci mai mita 27, ginin ƙasa da aka fara tun 1515, a tsohon garin da hukumar UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya a 2013.

Duk wanda ya ce zai kai ka Iferwan da Timiya da kangon Asode da Todra a wuni guda, kuɗinka yake so. Waɗannan sai an ware kwanaki. Kuma maganar tsaro ba ta wasa ba ce. Tawayen 2007 zuwa 2009 ya bar nakiyoyi a wasu hanyoyin daji, an sace ma'aikata bakwai a Arlit a Satumban 2010, an kai harin bam a SOMAIR a Mayun 2013. Sanadin haka jiragen da ke kawo Turawa 'yan yawon buɗe ido suka ɗauke ƙafa. Direbobi da 'yan jagora da maƙeran azurfa da suka rayu da wannan sana'a suka watse, wasu suka tafi haƙar zinariya a Jado da Cibarakaten bayan 2014.

Ni a ganina kuskure ne a ci gaba da zaman jiran Bature. Tarihin baka ya ce Gobirawa a Abzin suka zauna kafin su gangaro kudu. Ayarin gishiri ya haɗa Agadas da Kano shekaru aru-aru. Ɗan kasuwar Maraɗi da ke kai kaya Arlit duk wata, malamin makaranta a Akokan, ma'aikacin da ya yi shekara ashirin yana wuce mararrabar Dabus bai taɓa ratsewa ba, su ne baƙin da wannan sana'a ke bukata. Mutum biyar ko shida suka haɗa kuɗin shata, nauyin ya ragu, ɗan jagora ya ci abinci, mai gadin dutse ya samu na shayi, mai cuku ta yi ciniki.

Saboda haka mai niyya ya zaɓi lokacin sanyi, daga Nuwamba zuwa Fabrairu. Ya nemi ɗan jagora ɗan yankin wanda mutane suka shaida, ya sanar da jandarmomi inda ya nufa, ya bi shawararsu idan sun ce a dakata, ya ɗauki ruwa fiye da yadda yake zato, kada kuma ya yarda dare ya riske shi a hanya. Hukumomi kuma, a gyara hanyar Arlit zuwa Agadas, a kuma riƙa kai 'yan makaranta Dabus.  

(Kiɗan rufe shiri)