Shatar Mota A Gaɓar Tekun Amalfi: Me Ake Biya, Me Ake Gani?

A kudancin Italiya, cikin yankin Kamfaniya, akwai wata hanyar mota da tsawonta bai wuce kilomita 50 ba, wato kaɗan ta ɗara tafiyar Kano zuwa Wudil. Amma direban da ya ce zai kai ka ƙarshenta cikin awa guda a tsakiyar watan Agusta, to ko dai bai san ta ba, ko kuma yana son kuɗinka ne kawai. Wannan ita ce hanyar da hukuma ke kira SS163, wadda ta bi gefen duwatsun Lattari ta ratsa garuruwan gaɓar tekun Amalfi, daga wajen Sorento zuwa Vietri sul Mare, dab da birnin Salerno. Dutse a gefe guda, teku a can ƙasa a ɗaya gefen, ga kwana bayan kwana. An sassaƙa ta ne a jikin dutse a zamanin Sarki Ferdinando na Biyu, aka gama a tsakiyar ƙarni na 19, lokacin da keken doki ne abin hawa. Kafin nan mutanen garuruwan ta ruwa suke ziyartar juna, ko su bi ƴan hanyoyin alfadarai.

Ƙuncin wannan hanya shi ya haifar da sana'ar da za mu duba: ƙananan motocin bas da iyali ko abokai ke ɗauka shata na yini guda ko rabin yini, direba ya zaga da su gari-gari. Hukuma ta hana duk motar da tsawonta ya haura mita 10 da ɗoriya bin hanyar, saboda haka manyan motocin safa da ake gani a Rum ko Faris ba su da wurin wucewa a nan. Ko waɗanda aka bari su bi, ba sa iya gangarawa cikin Positano, sai dai su sauke fasinja a saman gari ya ƙarasa da ƙafa. Ƙaramar mota mai cin mutum bakwai ko takwas ita ke iya bin siririn titin da ya murɗa ya sauka kusa da tsakiyar garin. Ga tsoho mai ciwon gwiwa ko mace mai goyo, wannan bambanci ba ƙarami ba ne, domin Positano gari ne na matakala. Gidajensa a jere suke wani bisa wani tun daga bakin ruwa har ƙirjin dutse.

To me zai hana mutum ya yi hayar mota ya tuƙa da kansa? Babu dokar da ta hana, sai dai tun 2022 an shigo da wani tsari a lokutan cunkoso: daga ƙarfe 10 na safe zuwa 6 na yamma, motar da lambarta ta ƙare da mara tana da ranakunta, mai ƙarewa da cika ita ma tana da nata. Baƙon da bai sani ba sai ya faɗa hannun ƴan sanda ya sha tara. Mazauna yankin, da tasi, da motocin shata masu lasisi ba su cikin wannan takura. Ko da ranarka ce ma, wurin ajiye mota ya yi ƙaranci, kuɗinsa kuma da awa ake lissafawa. Uwa uba, wanda ke riƙe da sitiyari a hanya irin wannan ba ya kallon komai sai bayan motar da ke gabansa da madubin gefe. Ya biya kuɗin jirgi tun daga nesa ya zo ganin teku, ya koma bai gan shi ba.

Akwai kuma motocin bas na kowa da kowa na kamfanin SITA, waɗanda kuɗinsu ƴan Yuro ƙalilan ne. Su ne abin hawan mutanen gari da ɗalibai, kuma mai ƙaramin ƙarfi ba shi da zaɓin da ya fi su. Matsalarsu ɗaya ce: a lokacin zafi cike suke zuwa, wani lokaci ka tsaya a rana mota ta wuce ka ba ta tsaya ba. Shata kuwa ɗaruruwan Yuro ce a yini. Idan mutum ɗaya ne ko biyu, tsada ce ƙwarai. Idan iyali ne na mutum shida ko bakwai aka raba kuɗin, sai lissafin ya sauya, musamman da yake mota za ta zo har ƙofar masauki ko tashar jirgin ruwa, ta jira ku duk inda kuka tsaya.

Yawancin masu wannan sana'a tsarinsu kusan ɗaya ne. Ana tashi da safe daga Sorento, ko Nafoli, ko Salerno, a tsaya garuruwa uku: Positano, Amalfi da Ravello, a dawo kafin magariba, awa takwas ko kusa da haka. A hanya direba kan ja burki inda ya samu ɗan fili domin a ɗauki hoto, kamar wajen gadar Furore, inda titi ya ƙetare wani tsagi mai zurfi tsakanin duwatsu biyu, ruwan teku na shigowa ƙarƙashinsa. Ga wata ƴar dabara: in daga Sorento kuka taso, nemi kujerar hannun dama, nan ne gefen teku. Mai saurin jin jiri a mota ya zauna gaba, kada kuma ya cika ciki da safe.

Abin da mutane da yawa ba su gane ba sai sun je shi ne, direba daban, ja-gora daban. A Italiya kowannensu da lasisinsa. Direban shata yana aiki ne da izinin da ake kira NCC, wato hayar mota tare da matuƙinta. Zai iya ba ku labari yana tuƙi, ya nuna muku can gari kaza ne, wancan tsibiri kaza ne, kuma da yawansu ƴan yankin ne masu daɗin hira. Amma in an isa gari zai sauke ku ne ya faɗa muku lokacin haɗuwa, ya tafi neman inda zai ajiye mota. Shiga wuraren tarihi da yi wa baƙi bayani aikin ja-gora ne mai lasisi, kuɗinsa kuma daban ake biya. Saboda haka in ka ga talla ta ce yawo tare da mai bayani, tambaya tun kafin ka ba da kafin alƙalami: mutum biyu ne za su zo ko direban ne kaɗai? Da wane harshe zai yi magana? Kuɗin ajiye mota da na shiga wurare suna ciki ko a'a?

Ni dai a ganina, in akwai inda kuɗin ja-gora ba ya tafiya a banza, to garin Amalfi ne. Wanda ya zo ba mai bayani abin da zai gani shi ne ƙaramin gari mai mutum kusan 5,000, da dandali cike da masu shan kofi, da kantunan sayar da tsaraba. Ba zai san cewa tsakanin ƙarni na 9 da na 11 wannan wuri ƙasa ce mai cin gashin kanta, wadda jiragenta ke fatauci har Iskandariya da Ƙusɗanɗiniya da gaɓar Tunusiya ba. Fataken Amalfi sun yi hulɗa sosai da daular Faɗimiyya ta Masar. Kuɗin zinariyarsu, tari, sun kwaikwayo shi ne daga kuɗin Musulmin Sisili, har da zanen da ya yi kama da rubutun Larabci a jikinsa. Masanin ƙasa Ibn Hauƙal, wanda ya yi zamani a ƙarni na 10, ya ambaci garin a littafinsa a matsayin birni mai arziki ƙwarai. Fataken garin ne kuma suka kafa asibitin masu ziyara a Ƙudus a ƙarni na 11. Dokokinsu na harkar jiragen ruwa sun daɗe ana aiki da su a tekun Bahar Rum bayan ƙarfin garin ya tafi. Tafiyar ƙarfin nan kuwa ba a dare ɗaya ta faru ba: Normawa suka mamaye su, mayaƙan Pisa suka washe garin a 1135 da 1137, sannan a 1343 teku ta yi tashin da ya cinye tashar jiragensu da wani ɓangare na garin.

Alamun wancan zamani suna nan ga mai ido. Babbar majami'ar garin, wadda ake hawa dogayen matakala kafin a isa, ƙofofinta na tagulla a Ƙusɗanɗiniya aka ƙera su a ƙarni na 11. A gefenta akwai wata farfajiya da aka gina a ƙarni na 13, mai bakunan gini masu tsini da suka sarƙe da juna. Duk wanda ya taɓa ganin hoton masallatan Andalus ko Maroko zai gane inda salon ya fito. In aka bi titin da ya nufi cikin kwari, akwai gidan tarihin takarda a cikin tsohuwar masana'anta. Mutanen Amalfi na cikin na farko-farko a Turai da suka koyi yin takarda daga Larabawa, suna dakan tsummokaran auduga da lilin da ƙarfin ruwan rafi. Har yau ana yin ta da hannu. (Takardar nan mai tambarin jinjirin wata uku da malamanmu na Kano da Barno suka riƙa rubutu a kai a ƙarni na 19 ita ma daga Italiya fatake ke kawo ta ta Tarabulus, sai dai ita daga arewacin ƙasar take, ba daga nan ba.) Duk wannan ba zai shiga cikin awa ɗayan da ake bai wa garin a tsarin da aka saba ba.

Nan ne kuskuren da ya fi yawa yake. Mutum ya biya kuɗi masu yawa, sai ya ga dole ya ci riba, ya ce a haɗa masa garuruwa uku, a ƙara masa da kufan Pompei, birnin da dutsen Vesuvius ya binne a shekara ta 79, duk a yini guda. Masu motoci ba za su ƙi ba, da ma suna tallata hakan. Amma Pompei kaɗai tana cin awa biyu zuwa uku in ana son a fahimci wani abu, hanya kuma ta cinye nata kason. Abin da zai rage wa kowane gari bai fi na sauka a ɗauki hoto a koma mota ba. Alhali babban amfanin shata shi ne lokacin naku ne. Ku ke da ikon cewa a bar wancan, a daɗe a nan. Wanda ya cika wa kansa wurare ya mayar da wannan iko da hannunsa.

Ravello tana sama ne, kimanin mita 350 daga ruwa, ana hawa mata ta wata karkatacciyar hanya daga kusa da garin Atrani. Iska ta fi sanyi, hayaniya ta fi sauƙi. Lambunan Villa Rufolo, waɗanda mawaƙin Jamus Richard Wagner ya ziyarta a 1880, su ake yin bikin kiɗa na shekara-shekara a cikinsu tun 1953. A 1953 ɗin ne kuma marubucin Amurka John Steinbeck ya wallafa maƙalarsa a kan Positano, wadda ta taimaka wajen jawo hankalin Amurkawa zuwa garin masuntan da a da mutanensa ke gudun talauci suna ƙaura zuwa Amurkan. Gabashin hanyar kuwa, inda baƙi ba su cika zuwa ba, akwai Cetara ta masunta, da Vietri da ta shahara da tangaran mai launi. Direban shata zai kai ka in ka nema, kuma cunkoso ya fi sauƙi a can.

Musulmi ya kula da abu biyu a wajen ci da sha. Yankin ya yi suna da wani babban lemon tsami mai kaurin ɓawo da ake nomawa a gonakin da aka yi hawa-hawa a jikin dutse, manoma na sauko da shi a baya ta matakala. Da ɓawonsa ake yin limoncello, wani ruwa rawaya mai zaƙi da ake miƙa wa baƙo a ɗan ƙaramin kofi, sau da yawa kyauta, bayan cin abinci ko a kanti. Giya ce, mai ƙarfi ma kuwa, kuma akan zuba ta a wasu kayan zaƙi, don haka a tambaya. Naman alade ma yana shiga abinci da dama; kifi da sauran kayan teku su ne mafita, kuma da ma su yankin ya fi ƙwarewa a kai. A faɗa wa direba tun da wuri, domin galibi shi ke zaɓar gidan abincin rana, a kuma gaya masa za a buƙaci ɗan lokaci da wurin yin salla.

Sai maganar mutanen gari, waɗanda ba a cika tunawa da su ba. Hukumar UNESCO ta sa yankin cikin wuraren tarihi na duniya a 1997, baƙi suka ƙaru, kuɗi suka shigo, amma hanyar tana nan yadda take. Ita motar asibiti ke bi, ita ɗan makaranta ke bi, ita mai kai burodi ke bi. Ƙasar kuma ba mai ƙwari ba ce: ambaliyar Oktoban 1954 ta kashe sama da mutum 300 a Salerno da garuruwan gaɓar, a 2010 laka ta ratsa Atrani, a Fabrairun 2021 kuma zaftarewar ƙasa ta datse hanyar a Amalfi. Mota ɗaya mai ɗauke da mutum takwas ta fi motocin haya huɗu sauƙi ga titin, wannan gaskiya ne, sai dai idan irinta ta yi yawa ita ma cunkoson ce. Shi ya sa wasu ke raba tafiyar biyu, su je da mota su dawo ta jirgin ruwa, wanda ke zirga-zirga tsakanin garuruwan daga wajen Afrilu zuwa Oktoba. Daga cikin ruwa ne ma ake ganin yadda garuruwan suka maƙale a jikin dutse sosai.

Mai niyyar zuwa, bayan ya samu bizar Shengen, ya kauce wa Yuli da Agusta da makon Ista. Mayu ko ƙarshen Satumba sun fi daɗi. Ya tabbatar motar tana da lasisin haya da inshora, a rubuta masa farashi da awannin da aka yi yarjejeniya a kai. Ya tashi da sassafe kafin hanya ta cika, ya zaɓi gari biyu kawai, ɗayansu ya kasance Amalfi, ya kuma ɗauki ja-gora a can ko na awa biyu ne.