Awa 77 a Ƙarƙashin Ƙasa: Yadda Aka Ceto Mahaƙa Kwal Tara

Ran 24 ga Yuli, 2002, da dare, mutum 18 suna aiki cikin ramin haƙar kwal na Quecreek, a Jihar Pennsylvania ta Amurka. Sai injin haƙa ya huda bangon wani tsohon rami cike da ruwa, gama taswirar da suke bi ba daidai take ba. Ruwa ya kwararo ya datse wa mutum tara hanya. Kafin su nemi mafita, ɗayansu ya buga waya ga sauran taran da ke wani sashe, ya ce su gudu. Waɗannan suka fita da rai.

Waɗanda suka maƙale suna ƙafa 240 a ƙarƙashin ƙasa, cikin duhu da sanyi, ruwa kuwa yana ta hauhawa. Suka rubuta wasiƙun ban kwana ga iyalansu, suka rufe cikin bokiti. Suka ɗaure juna da igiya, domin ko mutuwa ta zo a sami gawawwakinsu wuri ɗaya. Suka riƙa zama a manne suna ɗumama juna.

A sama kuwa, masu ceto suka fara huda ƙaramin rami, suka zura bututu. Da suka ji ana ƙwanƙwasa shi daga ƙasa, suka tabbata akwai masu rai. Suka tura iska mai ƙarfi domin mutanen su yi numfashi, ta kuma tare ruwan, injuna suna ta zuƙe shi. Ana cikin haƙa babban ramin fitarwa sai bakin injin ya karye, aiki ya tsaya wajen awa 18. Duk da haka ba su fid da zuciya ba. Kafin asubar 28 ga Yuli aka jawo su ɗaya bayan ɗaya cikin wani kejin ƙarfe, dukansu tara da rai.

'Yan'uwa cikin Almasihu, mu lura: ba wanda ya tsira shi kaɗai. Wani ya yi gargaɗi, wani ya ɗumama ɗan'uwansa, wasu suka kwana suna haƙa. A cikin ikilisiyoyinmu ma akwai waɗanda bashi, ciwo ko baƙin ciki ya binne, suna ƙwanƙwasawa a hankali. Ko muna kasa kunne? Mu kuma riƙa tunawa cikin addu'a da masu shiga ramin kuza a Filato domin neman abinci. Ubangiji ya kiyaye su. Amin.