720p, x265, CAM: Me rubutun da ke jikin sunan fim yake nufi?

Matasa da dama a Maradi, Damagaram da Yamai sun san takaicin ƙona megas wajen sauke fim, sai a buɗe a tarar hoton ya yi dishi-dishi, ko kuma salula ta ƙi karanta shi. Alhali sunan fim ɗin ya riga ya faɗi halinsa.

Abu na farko shi ne lambar da ke ƙarewa da harafin p. Tana nuna yawan layukan ɗigon hoto daga sama zuwa ƙasa: 720p na nufin ɗigo 1280 a faɗi da 720 a tsaye, 1080p kuma 1920 da 1080, sannan 2160p shi ne ake kira 4K. A ƙaramin gilashin salula 720p ya wadatar.

Na biyu shi ne inda aka samo fim ɗin. CAM na nufin wani ya ɗauke shi da kyamara a cikin silima, har tarin ƴan kallo ana ji. WEB-DL an ciro shi kai tsaye daga dandalin kallo na intanet, WEBRip kuma an sake matse shi. BluRay daga faifai ne, kuma galibi ya fi kyau. Saboda haka CAM ko da an rubuta masa 1080p, bai kai WEB-DL mai 720p ba.

Na uku shi ne hanyar matsewa. x264 na bin tsarin H.264 na shekarar 2003, wanda kusan kowace na'ura ke karantawa. x265 na bin H.265 na 2013, wanda kan rage nauyin fim har kusan rabi ba tare da hoton ya lalace ba, amma tsofaffin salula da talabijin kan maƙale da shi.

Sai maganar harshe: VF an juya muryoyi zuwa Faransanci, VOSTFR kuma muryoyin asali ne da fassarar Faransanci a rubuce a ƙasa.

A kula kuma, memori mai tsarin FAT32 ba ya karɓar fim ɗin da ya wuce giga 4.

Yawancin fina-finai masu irin waɗannan sunaye kwafi ne da aka fitar ba da izinin masu su ba, matsalar da masu shirya fina-finan Hausa suka daɗe suna kuka da ita.