Zaman Sirri a Majalisa da Kotu: Me Doka Ta Halatta?

Duk ranar da Majalisar Dattawa ta sallami 'yan jarida, aka kashe kyamarori aka rufe ƙofa, sai maganganu biyu su bazu a gari. Wasu su ce zaman haramtacce ne, an kulle ne don a raba kuɗi. Wasu kuma, galibi na jikin hukuma, su ce abin da aka yi a asirce ya binnu ke nan, babu mai hurumin tambaya. Duka biyun kuskure ne, amma na biyun ya fi cutar da talaka.

Rufe ƙofa a karan kansa bai saɓa wa doka ba. Sashe na 60 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowace majalisa ta tarayya ikon tsara yadda za ta gudanar da zamanta, sashe na 101 ya ba majalisun jihohi irinsa, kuma a nan zaman sirri ya samo gindin zama. Akwai hikima a ciki. Idan hafsoshin tsaro suka zo bayani kan inda za a tura sojoji a dazukan Zamfara, ba mai hankalin da zai so a watsa shi kai tsaye, domin 'yan bindiga ma suna da rediyo da waya.

A kotu lamarin ya fi tsauri. Sashe na 36 ya ce shari'a a bainar jama'a ake yin ta, har da karanta hukunci. Alƙali na iya fitar da 'yan kallo ne bisa dalilan da aka lissafa: tsaron ƙasa, zaman lafiya, tarbiyya, kare yaron da bai kai shekara 18 ba, rufin asirin masu shari'a, ko inda bayyanawa za ta tauye adalci. Ko a lokacin, wanda ake tuhuma da lauyansa suna nan daram. Kotun Ƙoli ba ta wasa da wannan: a shari'ar Edibo ta 2007 ta rushe shari'a sukutum saboda an karanta wa mutum tuhuma ya amsa a ofishin alƙali maimakon zauren kotu. Shi ya sa shari'ar waɗanda ake zargi da alaƙa da Boko Haram da aka fara a Kainji a Oktoban 2017, babu 'yan jarida, ta sha suka daga masu kare haƙƙin ɗan'adam.

Mai ƙorafi zai ce, to ai majalisa ba ta da irin wannan jerin dalilai a kundin, tana iya kullewa don tsaro, tana iya kullewa don alawus. Wannan gaskiya ne, kuma nan ne jita-jitar ke samun taki. Sanatoci su shafe sa'o'i a ciki, su fito shugaba ya karanta jimla biyu cewa an tattauna al'amuran da suka shafi ƙasa, ya buga guduma. Wanda aka hana wa bayani dole ya cike gurbin da zato. A ganina, wajibi ne a faɗi dalilin kullewa kafin a kulle, a kuma yi duk wata ƙuri'a a fili.

Batun cewa sirri ya binnu har abada kuwa, dokar 'yancin samun bayanai da Shugaba Goodluck Jonathan ya sa wa hannu a Mayun 2011 ta karya shi. Dokar ta shafi majalisa da ma'aikatu da ɓangaren shari'a. Kowane ɗan ƙasa na iya rubuta takarda ya nemi bayani ba tare da ya faɗi dalilinsa ba, kuma hukuma na da kwana 7 ta amsa. Tambarin sirri a kan fayil bai isa hujjar hanawa ba. Idan za ta ƙi, sai ta rubuta sashen da ta dogara da shi, mai nema kuma yana da kwana 30 ya garzaya kotu, inda nauyin kare hanawar ke wuyan hukumar, ba wuyansa ba.